Filin Tambaya da Amsa: Ƙasar da Labari Yake Mulki

Wasiƙu uku na zaɓo a wannan fitowar, domin duk da cewa daga garuruwa daban-daban suka zo, a kan abu guda suke kewayawa, wato ikon da labari yake da shi, da kuma ikon wanda yake sa masa hannu bayan an tsara shi. Ta farkon ce za ta fi cin wuri, don haka ina roƙon sauran masu wasiƙu su yi mini haƙuri.

Tambaya daga wata ɗaliba a Gusau: Assalamu alaikum Malam. Na kai wata takwas ina rubuta wani ƙagaggen labari a kan wata ƙasa da na sa wa suna Birnin Tawada. A wannan ƙasa babu abin da yake samuwa sai an ba da labarinsa. Idan mai labari ya ce akwai kogi a gabas da gari, da safe za a tarar da kogin yana gudu. Akwai kuma majalisar masu gyara, waɗanda idan suka soke jimla, abin da jimlar ta ƙunsa sai ya ɓace daga ƙasar. Ƙawayena biyu da suka karanta sun ce wannan tunanin Turawa ne, ba zai zauna a bakin Bahaushe ba. Ni kuma na kai babi na shida na rasa hanyar ci gaba, domin duk masifar da na jefa jarumata a ciki, sai in ga gyara ɗaya ya isa ya fitar da ita. Ina neman shawararka.

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yata. Ki gaishe mini da ƙawayenki, ki kuma gaya musu cewa ƙasar da kike ginawa sun sha shiga irinta tun suna goye, sai dai ba a taɓa gaya musu cewa ƙasa ce ba. Ki tuna yadda ake buɗe tatsuniya. Mai bayarwa takan ce "Ga ta nan, ga ta nanku", kuma ba ta da ikon ƙara ko kalma ɗaya sai masu sauraro sun amsa da "Ta zo mu ji ta", a wasu wuraren kuma "Ta je ta dawo". Ki lura da wannan "ta" ɗin da kyau. Bahaushe ya ɗauki tatsuniya tamkar wata halitta mai gidanta a wani wuri, wadda ake kira ta zo, ta zauna a tsakar gida, sannan ta koma. Da zarar ta iso, dokokin duniyar da muka sani sun tashi daga aiki: kura tana magana, Gizo yana neman auren 'yar sarki da tsamin bakinsa, kitsen bijimi yana zama budurwa, kuma babu yaron da zai tambayi dalili, domin an faɗa, faɗar kuwa ita ce dalilin. Idan aka zo ƙarshe sai a rufe ƙofa da "Ƙurunƙus kan ɗan ɓera, ba don Gizo ba da na yi ƙarya". A gidan da na tashi ma ba a yarda a buɗe wannan ƙofa da rana ba, ana ce mana mai tatsuniya da rana ɓata yake yi, sai fa idan an fara ɗaure Gizo. Mutanen da suke ɗaure Gizo kafin su yi magana ba sa bukatar wani ya zo daga ƙetare ya koya musu cewa labari yana da ƙasarsa da iyakarta.

Majalisar masu gyara ma ba baƙuwa ba ce. Yaran da ke zaune a gaban kaka su ne majalisar. Na tuna ranar da kakata, saboda gajiya, ta so ta tsallake waƙar da 'yar bora take yi wa kowane kogi a kan hanyarta ta zuwa ruwan Bagaja. Gaba ɗayanmu muka ɗauka da "Ba haka ba ne, Iya", kuma dole ta koma baya ta rera waƙar a bakin kowane kogi har aka kai. Ita ke da labarin, amma mu ke da ikon cewa ya inganta ko bai inganta ba, kuma abin da yara suka ƙi yarda da shi a dandali ba ya kai wa jikoki.

A rubuce ma haka abin yake. A cikin Dare Dubu da Ɗaya, ran Shaharzad yana rataye ne a kan labarin da ba ta ƙarasa ba, kuma gwanintarta ta fi bayyana a wurin da take yanke magana idan asuba ta gabato, domin da ta yanke a inda bai dace ba, da sarki bai bar ta ta ga wani daren ba. Sanin inda za a tsaya kuwa rabin aikin mai gyara ke nan. A Magana Jari Ce, wanda Alhaji Abubakar Imam ya rubuta aka buga shi juzu'i uku a tsakanin 1937 da 1939, aku ne yake tsare Musa ɗan sarki a gida da labari bayan labari, har makircin Waziri ya wargaje. Babu ganuwa ko dogarin da ya yi abin da bakin tsuntsun nan ya yi. Saboda haka batun cewa tunaninki ba zai zauna a bakin Bahaushe ba, ki ajiye shi gefe, ki fuskanci matsala ta biyu, wadda ita ce ta gaske.

Abin da ya tsayar da ke a babi na shida shi ne kin ba masu gyaranki iko ba tare da kin ɗora musu farashi ba. Inda za a iya soke kowace masifa kyauta, mai karatu ba zai ji tsoron komai ba, wanda kuwa ba ya jin tsoro a madadin jarumarki ba zai juya shafi ba. Ki duba tatsuniyoyinmu, za ki ga babu abin al'ajabin da yake zuwa ba tare da sharaɗi ba. Ta-Kitse kyakkyawa ce, amma idan ta shiga rana narkewa za ta yi, kuma duk labarin yana tafiya ne zuwa ga ranar da kishiyoyi za su tilasta mata fita gona. An ba 'yar bora ƙwai, amma an ce kada ta fasa shi inda ta ji an amsa mata, sai inda ta ji shiru, kuma kiyaye wannan sharaɗi ne ya raba makomarta da ta 'yar mowa. Sharaɗin shi ne ƙashin bayan labarin, abin al'ajabin kuwa tufafi ne kawai a kansa.

Tunda kin sa wa ƙasarki sunan tawada, ina ba ki shawarar ki je ki zauna kusa da masu sana'ar tawada da alƙalami, ki ga yadda suke yi, domin dokokin ƙasarki suna nan a hannunsu. Almajiri yana wanke allonsa idan ya haddace abin da ke kai, amma allon da aka daɗe ana rubutu a kansa ba ya komawa fari, kullum akwai gurbin tsohon rubutu a ƙarƙashin sabo. Ruwan wankin ma ba a zubar da shi ko'ina. To, ki tambayi kanki: kogin da majalisarki ta soke, ina ruwansa ya tafi? Masuntan da suka rayu a bakinsa, sun manta da shi sarai, ko kuwa suna tashi da asuba su ɗauki taru su nufi gabas ba tare da sun san abin da ya kai su ba? Yaron da aka soke jimlar da ta ambaci mahaifiyarsa, me yake ji idan ya shiga ɗakin da ta saba kwana? A nan labarinki yake, a cikin gurbin abin da aka wanke. Haka kuma tawada ba daga sama take zubowa ba, da gawayi da ƙaro ake haɗa ta, ƙaron kuma sai wani ya shiga daji ya ɓamɓaro shi daga jikin itace mai ƙaya. Idan tawadar Birnin Tawada tana ƙarewa, idan akwai talakawan da suke shan wahalar samo ta alhali ba su da ikon rubuta ko harafi ɗaya da ita, kin sami sarauta da talauci da dalilin tawaye ba tare da kin aro su daga ko'ina ba.

Akwai wata al'ada ta masu kwafar littattafai da hannu wadda nake ganin za ta yi miki amfani ƙwarai. Idan mai kwafi ya gano ya tsallake kalma, yakan rubuta ta a gefen shafi, ya yi alama a inda ta dace, sannan ya sa kalmar Larabci "sahha", ma'ana ya inganta. Duk wanda ya taɓa buɗe tsoffin takardun malamanmu na ajami da Larabci ya ga irin waɗannan kalmomi suna zagaye da shafi, wasu a kwance, wasu a tsaye. Ki yi tunanin wata unguwa a bayan ganuwar birninki inda mutanen gefen shafi suke zaune, waɗanda ba a soke su ba, ba a kuma mayar da su cikin layi ba, suna jiran ranar da wani zai sa musu "sahha". Da ni ne, daga wannan unguwa zan fito da jarumar.

Abu na gaba ya shafi majalisar kanta, kuma a nan zan yi magana a matsayin wanda ya yi shekaru yana gyaran rubutun mutane. Kada ki mai da masu gyaranki azzalumai gaba ɗaya, domin hakan ba gaskiya ba ne, kuma mai karatu zai gaji da su da wuri. Hausa tana da kalmomi biyu da mutane suke cakuɗawa, gyara da tacewa. Mai gyara yana bin nufin marubuci ne, yana taimaka masa ya faɗi abin da ya so faɗa, kamar yadda ungozoma take karɓar ɗan da ba nata ba. Mai tacewa kuwa yana riƙe da rariyar da wani ya ba shi, abin da bai wuce ta cikinta ba ya tsaya, kuma daga wannan kalma aka samo sunan hukumar tace fina-finai da ɗab'i da aka kafa a Kano a 2001. Kowanne yana da hujjarsa, kuma sau da yawa mutum ɗaya ne yake yin aikin biyu ba tare da ya lura da lokacin da ya tsallaka daga wannan zuwa wancan ba. Ni kaina na taɓa cire sakin layi guda daga littafin wani matashi, inda ya siffanta wata tsohuwa mai sayar da daddawa a bakin kasuwa, domin a ganina tana jinkirta labari. Bai yi mini musu ba saboda ganin girmana. Sai bayan an buga littafin ya gaya mini cewa mahaifiyarsa ce ya siffanta, ta rasu ba ta bar ko hoto ɗaya ba, kuma wannan sakin layi ne kaɗai wurin da ya ajiye kamanninta. Ban yi da mugun nufi ba, a ƙa'idar aiki ma ina da abin kare kaina, amma har yau abin yana ci mini rai. Irin wannan mai gyara nake so in gani a majalisarki, mai kyakkyawar niyya wanda alƙalaminsa ya yi ɓarnar da ba ya iya mayarwa.

Abin yi a yanzu shi ne ki ɗauki takarda guda ki rubuta dokokin ƙasarki, kada su wuce uku ko huɗu, kuma kowace doka ta faɗi abin da ake biya. Sannan ki koma babi na biyu, ki sa jarumarki da bakinta ta roƙi majalisa wani gyara, a yi mata, ta sami abin da ta nema, ta kuma rasa wani abin da ba ta san yana ɗaure da waccan jimlar ba. Idan kika sake isowa babi na shida, ita da mai karatu duka za su san cewa ƙofar gyara a buɗe take, amma babu mai son bi ta cikinta. Ki turo mini babi ukun farko idan kin sake su.

Tambaya daga wani malamin firamare a Maraɗi: Malam, gatanan da kakata ta yi mini ina yaro sun sha bamban da waɗanda nake gani a cikin littattafai, wani lokaci har ƙarshen labarin ba ɗaya ba ne. Wanne ne na asali, kuma wanne ya kamata in koya wa ɗalibaina?

Amsa: Malam, Allah ya saka da alheri a kan wannan kulawa. Tambayarka tana da alaƙa da ta ɗalibar Gusau, domin kowace tatsuniya da ka gani a takarda ta bi ta hannun masu gyara kafin ta iso gare ka, kuma yana da kyau a san ko su wane ne.

Daga cikin labaran Hausa na farko da aka buga da boko akwai waɗanda Dorugu ya bayar, wani yaro daga yankin Damagaram wanda ya bi matafiyin nan Bajamushe Heinrich Barth zuwa Ingila a 1855. Shi ya riƙa faɗa, ɗan mishan J. F. Schön yana rubutawa, aka fitar da su a cikin Magana Hausa a 1885. Ka ga ke nan yaro ne yake ba da labari a ƙasar sanyi, ga baƙon da babban burinsa shi ne nazarin harshe. Bayan haka sai Litafi na Tatsuniyoyi na Hausa, juzu'i uku da Frank Edgar ya buga a tsakanin 1911 da 1913, wanda tushensa takardun ajami ne da malamai suka rubuta, shi kuma ya juya su zuwa boko. A 1913 ɗin ne kuma R. S. Rattray ya fitar da nasa tarin, wanda Malam Shaihu ya rubuta masa da ajami a ƙasar da yanzu ake kira Ghana. Waɗannan ayyuka taska ne, ba don su ba da mun yi asarar abubuwa masu yawa. Sai dai ka lura cewa duk maza ne suka riƙe alƙalamin, alhali tatsuniya a gidan Bahaushe yawanci a bakin mata take. Takarda ba ta ɗaukar karin waƙa, ba ta ɗaukar yadda tsohuwa take maƙale murya idan Dodo zai yi magana, ba ta kuma ɗaukar amshin yara. Ko littattafan Tatsuniyoyi da Wasanni na Ibrahim Yaro Yahaya, waɗanda da yawanmu muka karanta a makaranta, an tsara su ne domin aji, aji kuwa yana da nasa sharuɗɗan.

Misalin da ya fi nuna ƙarfin alƙalami shi ne na ruwan Bagaja. A 1933 Rupert East na ofishin fassara da talifi a Zariya ya shirya gasar rubuta ƙagaggun labarai da Hausa, Abubakar Imam ya ɗauki sunan ruwan da ke cikin tatsuniyar 'yar bora ya gina wani labari dabam a kansa, na matafiyi mai neman ruwan magani da abokin hamayyarsa Malam Zurƙe. Littafin ya yi farin jinin da a yau idan ka ambaci ruwan Bagaja a gaban wanda ya yi makarantar boko, Malam Zurƙe ne zai fara faɗo masa a rai kafin yarinyar da aka aika wanki. Babu wanda ya soke tatsuniyar, amma an matsar da ita gefen shafi.

Wannan ba a kanmu kaɗai ya faru ba. 'Yan'uwan nan biyu Jamusawa masu suna Grimm sun fara buga tarin tatsuniyoyinsu a 1812, suka yi ta gyara shi har bugu na bakwai a 1857, kuma a cikin gyaran ne uwar da ta cuci 'ya'yanta a wasu labaran ta koma kishiyar uwa, domin an ga bai kyautu a ce uwa ce ta aikata ba. Labarin Aladdin da na Ali Baba kuwa ba sa cikin tsohon rubutun Larabci da Bafaranshe Antoine Galland ya fassara Dare Dubu da Ɗaya daga gare shi. Daga bakin wani mutumin Halab ta ƙasar Siriya mai suna Hanna Diyab ya ji su a 1709, ya shigar da su, yau kuma su ne aka fi sani a cikin littafin.

Don haka babu wata tatsuniya guda da za a nuna a ce ita ce ta asali, sauran kuma kuskure ne. Ta kakarka cikakkiya ce a matsayinta, kuma ta fi ta littafi kusa da yaran da ke gabanka, domin da Hausar garinsu aka yi ta. Ita nake so ka fara ba su, da bakinka, da waƙarta, sannan ka karanta musu ta littafi ka bar su su gano bambancin da kansu. Idan kuma akwai tsofaffin mata a unguwarku da suke yin gatana har yanzu, ka nemi izininsu ka ɗauki muryarsu da wayarka, ka rubuta sunan gari da shekara. In ka zo juyawa a takarda, kada ka mayar da maganarsu Hausar Kano, ka bar ta yadda suka furta ta.

Tambaya daga wani magidanci a Bichi: Malam, ɗana mai shekara 15 ya duƙufa rubuta labarin wata duniya inda marubuta suke sauya rayuwar mutane da alƙalami. Ina tsoron kada ya saba da ƙarya, kuma kada ya taɓa abin da ya shafi ƙaddara. In hana shi?

Amsa: Alhaji, damuwarka ta uba ce, kuma tana kan hanya. Abin da ya shafi hukunci ka kai shi gaban malamin da ka amince da shi, tare da littafin yaron a hannunka domin ya ga abin da aka rubuta da idonsa. Ta fuskar adabi kuwa, ƙarya ita ce a ba mutum abin da bai faru ba a matsayin wanda ya faru domin a yaudare shi, ƙagaggen labari kuwa yana shelar kansa tun daga farko, kamar yadda tatsuniya take yi a buɗewarta da rufewarta. Maƙamatul Hariri, wanda mai shi ya rasu a 1122, maƙama 50 ne, wato gajerun labarai na Larabci, a kan wani gwanin magana mai suna Abu Zaid wanda marubucin ya gina labaransa da kansa, kuma malamanmu sun daɗe suna karantar da shi a zaure domin koyon lugga.

Game da ƙaddara, shawarar da zan ba yaron ita ce ya bar marubutan duniyarsa a matsayin halittu masu rauni, waɗanda suke kuskure, suke gajiya, tawadarsu take ƙarewa, kuma ya nisanci aro sunayen abubuwa masu alfarma irin su Lauhul Mahfuz ko sunayen mala'iku ya sa wa kayan labarinsa. Wannan zai kiyaye masa ladabi, zai kuma ƙara wa labarin armashi, saboda dalilin da na yi wa ɗalibar Gusau bayani a sama. Ban ga dalilin hana shi ba. Ka sa masa lokaci bayan ya gama karatunsa na allo da na boko, sannan daren Juma'a bayan sallar isha'i ka tara shi da ƙannensa, ya karanta muku shafi biyu ko uku da babbar murya, inda ka ji abin da bai kwanta maka ba ka tsayar da shi ka tambaye shi abin da yake nufi.